LABARIN ZUCIYA A TAMBAYI FUSKA: YADDA YARO KE KOYON FAHIMTAR MUTANE, DA DANGANTAKAR HAKAN DA LAFIYAR ƘWAƘWALWA

GABATARWA

Hausawa sun ce labarin zuciya a tambayi fuska. Sun kuma ce zuciyar mutum birninsa. Duka maganganun biyu gaskiya ne. Babu wanda ya taɓa leƙa cikin zuciyar ɗan'uwansa, amma kullum muna kintatar abin da ke ran mutane, kuma sau da yawa mukan dace. Ɗalibi kan dubi yadda malami ya shigo aji ya gane yau ba ranar wasa ba ce. Uwa kan ji yadda ɗanta ya amsa gaisuwa ta san akwai abin da yake ɓoyewa.

Wannan iyawa ta gane cewa kowane mutum yana da nasa tunani, da nasa buri, da nasa sani, shi za mu kira fahimtar zuciyar wani. Ba a haifar mutum da ita cikakkiya. Koyon ta ake yi mataki-mataki, kamar tafiya da magana. Wannan maƙala za ta duba yadda take girma, da abin da ke ciyar da ita, da yadda wasu larurorin ƙwaƙwalwa ke taɓa ta. Dalilin rubutun kuwa shi ne, a makarantar kwana da cikin ikilisiya akwai yaran da ake wa laƙabi da masu girman kai, ko masu taurin kai, ko masu iskoki, alhali abin da ke damunsu daban ne, kuma akwai taimakon da za a iya yi musu.

MATAKAN GIRMA

Tun yana ɗan wata biyu jariri kan mayar da murmushi ga wanda ya yi masa. A shekarar 1978 wani masani a Amurka mai suna Edward Tronick ya wallafa sakamakon wani gwaji mai sauƙi. Uwa za ta yi wasa da jaririnta, sai ta daskare fuskarta na 'yan mintoci, ba murmushi ba magana. Nan take jaririn zai shiga ƙoƙarin dawo da ita, ya yi murmushi, ya yi ƙara, ya miƙa hannu. In ya ga bai yi nasara ba sai ya kau da kai ya fara kuka. Ashe tun kafin ya iya zama yana jiran amsa daga fuskar mutum.

Daga wata 9 zuwa 12 yaro kan fara bin idon babba don ya ga abin da ake kallo. Yakan kuma nuna abu da yatsa, ya waiwayo ya ga ko an gani tare da shi. In baƙon abu ya tunkaro, sai ya dubi fuskar uwarsa kafin ya yanke shawarar tsoro ko dariya.

Wajen wata 18 sai ya fara gane cewa abin da yake so ba lallai ne wani ya so shi ba. A 1997 wasu masana biyu mata, Betty Repacholi da Alison Gopnik, sun ajiye wa yara kwano biyu, ɗaya da biskit, ɗaya da ɗanyen ganyen da ake kira burokoli. Mai gwajin ta ɗanɗana ganyen ta nuna daɗi, ta ɗanɗana biskit ta yamutsa fuska, sannan ta miƙa hannu a ba ta. Yawancin 'yan wata 14 biskit suka ba ta, domin shi suke so. Yawancin 'yan wata 18 kuwa ganyen suka miƙa mata.

Babban mataki yakan zo wajen shekara huɗu. A 1983, a ƙasar Ostiriya, Heinz Wimmer da Josef Perner sun ba yara labarin wani yaro mai suna Maxi. Maxi ya ajiye cakulan a cikin kabad ya fita wasa. Bayan fitarsa uwarsa ta mayar da cakulan ɗin wani kabad daban. Sai a tambayi yaro: in Maxi ya dawo, ina zai nemi cakulan ɗinsa? Ɗan shekara uku kan nuna sabon wurin, domin a ganinsa abin da ya sani kowa ma ya sani. Daga shekara huɗu zuwa biyar ne yara ke fara nuna tsohon wurin. Sun gane cewa mutum zai iya gaskata abin da ba haka yake ba, kuma bisa abin da ya gaskata ne zai yi aiki.

Wannan ba halin 'ya'yan Turawa kaɗai ba ne. A 1991 Jeremy Avis da Paul Harris sun wallafa irin wannan gwaji da aka yi da yaran ƙabilar Baka, mazauna kurmin kudu maso gabashin Kamaru, waɗanda ba su shiga aji ba. An yi amfani da ƙwallon mangwaron daji da aka dafa aka rufe a kwano, aka sauya masa wuri bayan mai shi ya tashi. Su ma wajen shekara huɗu zuwa biyar suka fara ba da amsar daidai.

Duk wanda ya taɓa yi wa ƙannensa tatsuniya ya ga wannan mataki da idonsa. In Gizo ya yaudari Kura, ɗan shekara uku yakan yi dariya ne don ya ga manya suna yi. Ɗan shekara biyar kuwa ya san inda daɗin yake: mu mun san dabarar Gizo, Kura ba ta sani ba. Haka kuma a wasan ɓuya, ƙaramin yaro kan rufe idonsa ya ɗauka ya ɓuya.

Daga shekara shida zuwa sama sai abin ya ƙara zurfi. Yaro ya fara bin tunani mai hawa biyu, irin su "Ladi tana zaton ban san ta sani ba." Ya fara gane gatse da habaici, ya gane cewa zagin da abokin wasa ya yi maka ba zagi ba ne. Wannan koyo ba ya ƙarewa da firamare. Sashen gaba na ƙwaƙwalwa, wanda ke taimakawa wajen auna ra'ayin wasu da danne fushi, yana ci gaba da ginuwa har bayan shekara ashirin. Shi ya sa ɗalibin sakandare ke damuwa ƙwarai da abin da tsararrakinsa ke cewa a kansa, kuma yakan yi kuskure wajen fassara su.

ABIN DA KE CIYAR DA ITA

Wannan fahimta tana da tushe a halitta, amma sai da mu'amala take girma. A 1994 Perner da abokan aikinsa sun gano cewa yaran da ke da 'yan'uwa a gida kan ci gwaji irin na Maxi da wuri fiye da waɗanda suka tashi su kaɗai. Faɗa da shiri, wasan 'yar tsana, gardamar wa ya fara, duk makaranta ce.

Hira ita ce babban abinci. A 1995, a Ostireliya, Candida Peterson da Michael Siegal sun nuna cewa kurame 'ya'yan iyaye masu ji kan yi jinkirin shekaru kafin su ci wannan gwaji. Binciken da ya biyo baya ya nuna cewa kuramen da suka tashi a hannun iyaye masu maganar hannu ba sa irin wannan jinkiri. Ke nan matsalar ba daga kunne take ba, daga rashin abokin hira ne. Iyalin da Allah ya ba ɗa kurma, babbar kyautar da za su yi masa ita ce su koyi maganar hannu tun yana ƙarami.

Misali mafi ban tausayi ya fito daga Romaniya. Da gwamnatin Nicolae Ceausescu ta faɗi a Disamban 1989, an tarar da yara fiye da dubu ɗari a gidajen marayu, da yawansu kwance a gadaje ba mai ɗauka ba mai yi musu magana. Wani likita ɗan Ingila, Michael Rutter, ya bi diddigin yara 165 da iyalai a Ingila suka karɓa riƙo. Waɗanda aka fitar kafin su cika wata shida a irin waɗannan gidaje yawanci sun kamo tsararrakinsu. A cikin waɗanda suka fi haka daɗewa, da dama sun ci gaba da fama da matsalar hulɗa da mutane da ta natsuwa har girmansu. Goyo, da waƙar rarrashi, da surutun da kaka ke yi wa jika, ba ɓata lokaci ba ne.

IN AN SAMI TANGARƊA

(1) Otizim. Wannan yanayi ne da ake tasowa da shi tun ƙuruciya. Wasu kan kira shi galahanga, sai dai sunan ana ba wa larurori daban-daban. Likita Leo Kanner ne ya yi bayaninsa a Amurka a 1943, bayan ya lura da yara 11. A 1985, a Landan, Simon Baron-Cohen da Alan Leslie da Uta Frith sun yi gwaji irin na Maxi da 'yan tsana biyu. Cikin yara 20 masu otizim, 4 ne suka ba da amsar daidai. Cikin yara 14 masu larurar Dawun, wadda ke jinkirta koyo, 12 sun ci. Wannan ya nuna cewa ba ƙarancin basira ne ya kayar da masu otizim ba. Akwai masu otizim da ke buƙatar kulawa duk rayuwarsu, akwai kuma waɗanda ke zuwa na ɗaya a lissafi. Irin wannan ɗalibi kan ɗauki gatse a matsayin umurni, ya faɗi gaskiya a inda ake sakaya ta, ya ruɗe in an sauya tsarin da ya saba, hayaniyar ɗakin cin abinci kuma ta dame shi fiye da kowa. A ƙiyasin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayar a 2022, kusan yaro ɗaya cikin 100 yana da shi. Gado yana da babban hannu a ciki. Ba laifin tarbiyyar uwa ba ne, ba kuma allurar rigakafi ke kawo shi ba. Rahoton 1998 da ya yaɗa wancan zargi an janye shi a 2010 bayan an gano rashin gaskiya a cikinsa.

(2) Sikizofiriniya. Wannan ciwo ne mai tsanani da yakan bayyana daga ƙarshen samartaka zuwa shekaru ashirin da wani abu. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a 2022 yana shafar kusan mutum miliyan 24, wato ɗaya cikin 300. A nan sau da yawa mutum kan ga manufa a inda babu ita. Mutane biyu na hira a nesa, sai ya tabbata da shi ake. Wani ya yi tari, sai ya ce alama ce aka ba maƙiyansa. Yakan kuma ji muryoyin da babu mai yin su. Kafin abin ya fito fili, yawanci akan ga saurayi ya janye daga abokai, karatunsa ya faɗi, ya daina kula da tsabtar jikinsa. Yawan shan tabar wiwi a ƙuruciya yana ƙara haɗarin kamuwa. Akwai magani, kuma fara shi da wuri ya fi amfani.

(3) Ciwon damuwa da fargabar shiga mutane. Mai ciwon damuwa kan karanta fuskoki ta baƙin tabarau. Aboki ya wuce bai gaishe shi ba don yana sauri, sai ya ce ai dama ba mai ƙaunarsa. Mai fargabar shiga mutane kuwa gani yake duk idanu a kansa suke, kowa yana jiran ya yi kuskure. Yarinyar da ta san amsa amma ta gwammace bulala da ta tashi ta yi magana a aji, mai yiwuwa ba kunya kaɗai ke riƙe ta ba. Waɗannan larurori kan ciyar da kansu: mummunar fassara ta sa mutum ya janye, janyewa ta hana shi ganin cewa fassarar kuskure ce.

(4) Yaron da ya saba da duka. A 1980 Kenneth Dodge ya sa yara maza su haɗa hoton da aka yanka gunduwa-gunduwa, sai aka nuna musu kamar wani yaro ya rushe aikin. In a fili yake da gangan ne, duk sukan yi fushi. In a fili yake kuskure ne, duk sukan yi haƙuri. Amma in ba a san manufar ba, yara masu yawan faɗa ne ke ɗauka da gayya aka yi. Daga baya Seth Pollak ya nuna cewa yaran da aka azabtar a gida kan hango fushi a fuska tun kafin sauran yara su gan shi. A gidan da mari ke zuwa ba sanarwa, wannan dabarar tsira ce. A layin ɗibar ruwa kuwa, inda wani zai taka ka ba da sani ba, ita ke jawo dambe. Ƙarin bulala tabbatar wa irin wannan yaro yake yi cewa duniya maƙiyiyarsa ce.

Ya kamata a lura da abu biyu. Na farko, gane tunanin mutum daban, tausaya masa daban. Ɗan damfara gwani ne wajen karanta zukata, amma bai damu da hawayen wanda ya cuta ba. Mai otizim kuwa zai iya kasa gane cewa ranka ya ɓaci, amma da zarar ka gaya masa sai abin ya dame shi ƙwarai. Na biyu, tangarɗar fahimta ba ita kaɗai ke haddasa waɗannan larurori ba. Gado, da wahalar rayuwa, da ƙwayoyi, da rashin lafiyar jiki duk suna da nasu rabo. Wani lokaci ciwon ne ke lalata fahimtar, wani lokaci kuma raunin fahimtar ne ke ƙara wa ciwon nauyi.

MU MA MUKAN KARANTA BA DAIDAI BA

A 2012 wani masani ɗan Ingila mai suna Damian Milton, wanda shi kansa yana da otizim, ya jawo hankali ga cewa rashin fahimtar daga ɓangare biyu yake. Kamar yadda mai otizim ke wahalar karanta mu, haka mu ma muke wahalar karanta shi. Sai dai da yake mu ne masu yawa, laifin kan koma kansa.

Littafi Mai Tsarki ya ba mu misali a 1 Sama'ila sura ta fari. Hannatu tana addu'a cikin baƙin ciki, leɓunanta na motsi ba a jin murya, sai Eli firist ya ɗauka buguwa ta yi, har ya tsauta mata. Da ta yi masa bayani ya saurara, ya sa mata albarka. In babban firist zai yi irin wannan kuskure, shugaban ɗalibai ɗan aji shida fa?

Al'ada ma tana da muhimmanci. Littattafan Turai kan lissafa ƙin haɗa ido cikin alamun otizim. A wurinmu kuwa yaron da ya sunkuyar da kai gaban babba ladabi ya nuna. Don haka alama ɗaya ba ta isa hukunci ba. Abin dubawa shi ne yadda yaro yake da tsararrakinsa, da ko halinsa ya sauya daga yadda aka san shi, da tsawon lokacin da abin ya ɗauka, da ko yana hana shi karatu, barci ko cin abinci. Sanya wa ciwo suna kuwa aikin likita ne.

ABIN DA ZA MU IYA YI

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa ɗaya cikin bakwai na 'yan shekara 10 zuwa 19 yana fama da wata larurar ƙwaƙwalwa. Wani babban bincike da aka wallafa a Amurka a 2005 ya nuna cewa rabin irin waɗannan larurori kan fara ne kafin ko wajen shekara 14. Shekarun sakandare ke nan.

Ga ɗalibai: kafin ka rama, ka tambaya. In abokin ɗakinka ya daina magana da cin abinci, ko ya fara cewa ana bin sa, ko ya ambaci kashe kansa ko da cikin wasa, ka sanar da malamin gida ko nas a ranar. Wannan ba gulma ba ce. Kada kuma a mayar da wanda bai gane barkwanci ba abin zolayar ɗakin kwana.

Ga malamai: mu ba da umurni a sarari ba da habaici ba. Mu keɓe yaro mu tambaye shi abin da ya fahimta kafin mu hukunta shi. Wasan kwaikwayo, da muhawara, da tambayar dalilin da ya sa wani a cikin labari ya aikata abin da ya aikata, duk suna horar da wannan fahimta.

Ga iyaye da ikilisiya: addu'a da asibiti ba kishiyoyi ba ne. A 1 Sarakuna sura 19, sa'ad da annabi Iliya ya gaji har ya roƙi mutuwa, abinci da ruwa da barci aka fara ba shi kafin a yi masa magana. Ɗaure marar lafiya da mari ko dukansa don a kori iska ƙara masa ciwo yake yi. Akwai asibitocin ƙwaƙwalwa na Gwamnatin Tarayya a Kaduna, da Maiduguri, da Kware a Jihar Sakkwato, ban da sassan da ke asibitocin koyarwa. A Janairun 2023 kuma aka sa hannu a kan sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa ta ƙasa, wadda ta maye gurbin ta 1958, ta kuma tanadi haƙƙoƙin marasa lafiya.

Muna da abin koyi a gida. A 1954, a Aro kusa da Abeokuta, Likita Thomas Adeoye Lambo ya fara saukar da masu taɓin hankali a gidajen mutanen ƙauye, kowanne tare da wani ɗan'uwansa, suna zuwa asibiti da rana suna kwana cikin jama'a. Tsarin ya yi suna a duniya, shi kuma ya zama Mataimakin Babban Daraktan Hukumar Lafiya ta Duniya daga 1973 zuwa 1988. Ya gane cewa raba marar lafiya da mutane ba ya cikin magani.

KAMMALAWA

Mun ga cewa fahimtar zuciyar wani tana farawa daga murmushin jariri, ta bi ta nuni da yatsa, da wasa, da tatsuniya, da hira, har zuwa bayan kammala sakandare. Mun kuma ga cewa a wasu mutane takan bi wata hanya daban, a wasu kuma ciwo ko wahala kan karkatar da ita. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma yawancin masu karanta wannan mujalla ɗanyu ne har yanzu. Ga 'yan aji shida masu barin mu a bana, za ku haɗu da mutanen da halinsu zai ba ku mamaki a jami'a, da wurin aiki, da gidan aure. In kun tambayi fuska ba ta ba ku amsa ba, ku tambayi mai fuskar, ku kuma jira ya gama magana. Ubangiji ya ba mu kunnen ji da zuciyar tausayi. Amin.